Wai zanena bai nuna ni 'yar Afirka ba ce, in canza hannu?

Wata ƙanwata ta sana'a da ke zane a nan Jos ta turo min tambaya mai tsawo, ga ta a taƙaice. Wata Baturiya mai galari, wato gidan baje kolin zane da sayar da shi, ta ga ayyukanta a Instagram, ta ce tana so ta sa ta cikin wani baje kolin matasan Afirka, amma wai duwatsu da kasuwar da take zanawa ba su nuna ko ita wace ce ba, ta fi son ta zano mata baƙaƙe da hijabi, da kuma abin da ya shafi rikicin gari. Shi ne take tambaya, ta bi ko ta ƙi? In kuma ta ƙi, ba ta yi wa kanta asarar suna ba kenan?

To ƙanwata, da farko barka, ba ƙaramin abu ba ne a hango ki daga can, akwai waɗanda suka shekara 20 suna goga fenti ko maƙwabcinsu bai taɓa tambayar me suke yi ba. Kuma kada ki ɗauki matar nan a matsayin maƙiyiya, 'yar kasuwa ce, ta san abin da masu sayenta ke cire kuɗi a kai shi ta faɗa miki. Abin da ba ta sani ba shi ne Jos, ke kuma shi kika fi ta.

Ni fa ban san ni baƙi ne ba sai ranar da na sauka a filin jirgi a Jamus. Ba wai ban taɓa duba madubi ba, a'a, nufina a rayuwata kaf ba wanda ya taɓa auna ni da wannan mudun. A Jos ni Bahaushe ne, kuma duk da a Gangare aka yanke min cibiya, kakana ma aikin kuza ne ya kawo shi tun zamanin Bature, in aka zo maganar takardar indijin sai a tuna min ni baƙo ne. In na je Kano wajen dangi su yi ta dariyar Hausata, wai ga ɗan Jos ya zo. A Legas sunana aboki. Sai ga shi na hau jirgi na awa 6 na sauka, duk waɗannan sunayen sun zube a hanya, ni da wani Inyamuri da muka zauna kujera ɗaya da wani ɗan Senegal duk mun koma abu guda, baƙaƙen fata daga Afirka. Wallahi har wani daɗi-daɗi na ji da farko, don rabon da in tsaya kusa da mutum ba a tambayi addinina ba har na manta. Daga baya ne na gane wannan sabon sunan ma riga ce da wani ya ɗinka ba tare da ya gwada ni ba.

Abin da na tafi da shi a lokacin zanen kududdufan kuza ne, irin na wajen Rayfield da Bukuru. Kin san su ai, ruwan nan mai kore-kore da ba ya motsi, gefensa jar ƙasa da farar laka sun yi layi-layi kamar an yanka alkaki, ga tsibin ƙasa a baya ciyawa ta rufe shi har ya zama kamar Allah ne ya ajiye shi a wurin. Na kwashe wata da watanni ina zuwa da asuba don in kama kalar ruwan kafin rana ta ɗaga. Wanda ya gayyace mu ya tsaya gaban mafi girmansu ya daɗe, ya ce ya yi kyau ƙwarai, amma ina Afirka a ciki? Wai kamar wani tafki ne a ƙasarsu. Na rasa bakin magana. Ramin nan kamfanonin Turawa ne suka haƙa shi, kakana yana cikin waɗanda suka yi ta ɗibar ƙasarsa da kwanon sarki a ka, kuzar da aka fitar jirgin ƙasa ya kwashe ta zuwa teku, aka bar mana ramin yana cin yara da shanu har yau. In akwai zanen da ya fi wannan faɗin labarin baƙi da fari ni ban san shi ba, amma shi abin da idonsa ke nema dodo ne da ƙwarya.

Kuma kin san me na yi? Na dawo gida na ba su abin da suke so. Bafulatana da ƙwaryar nono a ka, rana na faɗuwa, ga bishiyar kuka a gefe. Dodanni masu manyan idanu da ban taɓa gani ba sai a littafi. Na riƙa kaiwa Abuja, otal-otal da ma'aikatan ofisoshin jakadanci suna saye kamar ƙosai mai zafi, da kuɗin na yi aure na sayi fili, saboda haka ba zan zauna in zagi wannan lokacin ba, yunwa ba ta san fasaha ba. Amma kowa ya ci ladan kuturu dole ya yi masa aski. Shekara 4 ina abu ɗaya, har ta kai ina iya gama Bafulatana guda ina sauraron ƙwallo a rediyo hankalina gaba ɗaya yana kan wasan, hannu na tafiya shi kaɗai kamar na mai tuƙa tuwo. Rannan wani tsohon malamina na Zariya ya biyo ta Jos ya leƙo ɗakin aikina, ya ɗaga ɗaya ya juya ta wajen haske ya ce, wace ce wannan? Na ce Malam Bafulatana ce. Ya ce na ga Bafulatana, na ce wace ce? Ya ajiye, ya sha shayinsa, bai ƙara cewa komai a kai ba har ya tafi. Ni kuwa daren nan ban yi barcin kirki ba.

Abin da ya dawo min da hannuna kasuwar Farin Gada ce. Na ajiye fenti gaba ɗaya, na ɗauki gawayi da takarda, ina zuwa kafin gari ya waye lokacin da motocin tumatir da kabeji ke saukewa, sanyi na shiga har ƙashi. Na zauna kan wani juyayyen kwando ina zana 'yan dako. A nan na fara ganin abin da shekara da shekaru ina wucewa ta gabansa, yadda wuyan mutum ke nutsewa cikin kafaɗa in an aza masa kwando, yadda gammo ke lotsewa gefe guda, jijiyar nan da ke tashi daga bayan kunne, yadda yatsun ƙafa ke baje cikin silifas suna neman ƙasa a wurin da ruwan ruɓaɓɓen tumatir ya sa santsi. Suka sa min suna mai hoto. Akwai wani dattijo cikinsu da ya karɓi takardar ya duba ya ce, kai wannan hancin ai na ƙanina ne, nawa bai kai haka ba, aka yi ta dariya, kuma gaskiyarsa, na koma na gyara. Tun daga ranar na daina yarda da masu cewa basira wani aljani ne da ke sauko wa mutum da tsakar dare. Kallo ne, kallo mai tsawo har abin ya gaji ya nuna miki kansa, sannan hannu ya yi ta maimaitawa, cikin takarda 10 ki yaga 8 ba tare da kin ji ciwo ba.

Tunda ma maganar fata ake bari in ɗan ratse. Kamfanonin fenti na Turai sun daɗe suna sayar da wata kala da sunan launin fatar mutum, in kin matso ta kuma ruwan hoda ce, kin ga wa suke nufi da mutum kenan. Mu kuma ɗalibai sai mu gudu wajen baƙin fenti mu lafta, fuska ta fito kamar gindin tukunya. Fatarmu ba ta da baƙi ko ɗigo. Ki haɗa ja mai ƙasa-ƙasa da shuɗi mai duhu ki samu gindinta, goshi da karan hanci suna ɗaukar shuɗin sama, ƙarƙashin haɓa yana ɗaukar kalar duk abin da ke gaban mutum, a Farin Gada ja ne saboda tumatir. Da hunturu kuma fata na yin furu-furu a gwiwar hannu da bayan yatsu, wannan tokar in kika bar ta a waje kin zana mutum amma ba ɗan Jos ba. Wanda bai zauna cikin mutanen ba ba zai san wannan ba, kuma shi ne ainihin abin da matar can ke kira ko ke wace ce, sai dai ita a tufafi take nemansa.

Rigimar nan ta girme mu duka. A 1910 wani Bajamushe Leo Frobenius ya je Ife ya ga kawunan da aka ƙera a can, kyansu ya sa ya kasa yarda baƙar fata ne suka yi, ya ce ai ragowar mutanen wata ƙasa ce Atlantis da ta nutse a teku. A 1958 kuma ɗaliban zane a kwalejin Zariya, wadda daga baya ta zama Jami'ar Ahmadu Bello, su Uche Okeke da Demas Nwoko da Bruce Onobrakpeya da Yusuf Grillo, suka kafa ƙungiya don sun gaji da a koya musu zane kamar a Landan suke. Abin da mutane ke mantawa shi ne ba su ce a zubar da fentin Bature da burushinsa ba, cewa suka yi a karɓi dabarar a haɗa ta da abin gida, Okeke ya koma kan uli, zanen da matan Ibo ke yi a jiki da bango, wanda a wajen mahaifiyarsa ya san shi. Su suka zaɓa da kansu, ba mai saye ne ya aiko musu da oda ba, bambancin kenan.

Ki ciro naira 20 daga jakarki ki juya bayanta, Ladi Kwali ce zaune tana ginin tukunya. Kafin wani Bature ya san da ita tukwanenta suna gidan Sarkin Abuja Sulaimanu Barau, a can Michael Cardew, wani Bature maginin tukwane, ya fara ganinsu. Ta shiga makarantar Cardew ta ginin tukwane a tsohuwar Abuja, wato Suleja ta yanzu, a 1954, ita ce mace ta farko a wurin. Ta koyi injin juya laka da sheƙi da gashi mai tsananin wuta, ta je Ingila ta je Amurka tana gini a gaban jama'a, Jami'ar Ahmadu Bello ta ba ta digirin girmamawa a 1977, amma ƙadangarunta da kadoji da kunamu da kifayen da take tsagawa a jikin tukunya irin na Gwari ba ta bar su ba. Sai dai ni kullum in na tuna ta akwai abin da ke tsaya min. Tulun da aka yi wa sheƙi aka gasa a irin wannan wutar ya yi nauyi, kuma ba ya tsatsafo, to tulun da ba ya tsatsafo ba ya sanyaya ruwa. Ya tashi daga abin ɗaki ya koma abin kallo a bayan gilashi. Ban ce ta yi kuskure ba, wa ni, amma ko ita da ta fi kowa iya riƙe nata sai da fita duniya ta karɓi wani abu a hannunta.

Maganar suna kuma, a nan nake so ki buɗe kunne da kyau. Wajen 2020, musamman bayan ɗan sanda ya kashe baƙar fatan nan George Floyd a Amurka, kasuwar zane ta Turai da Amurka ta rikice da neman zanen baƙaƙen mutane wanda baƙi ya zana. Tun kafin nan ma a watan Fabrairun shekarar an yi gwanjon wani zanen Amoako Boafo ɗan Ghana a Landan kan fam 675,000, ninkin-ba-ninkin abin da aka yi tsammani. Yaranmu na Legas da Accra suka ga haka kowa ya koma zana baƙin mutum da riga mai kala a gaban bango mai kala, wasu dillalai suna bi suna kwasa da araha su kai gwanjo bayan 'yan watanni. Ki sani kuɗin gwanjo na wanda ya kai kayan ne, mai zanen yawanci sai dai ya gani a waya kamar kowa. Da yayin ya lafa, yara da yawa suka wayi gari farashinsu ya faɗi warwas, masu kira sun daina kira, kuma hannunsu bai iya komai ba sai wannan abu ɗaya. Tayin da aka yi miki ƙanin wancan ne, an dai ƙara masa hijabi.

Ben Enwonwu, shahararren mai zanen nan ɗan Najeriya, ya rasu a 1994, zanensa na Tutu da ya yi a 1974 aka tsinto shi a wani gida a Landan aka sayar fam miliyan 1.2 a 2018. Jean-Michel Basquiat, baƙar fata mai zane ɗan Amurka, yana tsakiyar tashe a New York, attajirai na layin sayen aikinsa, amma in ya fito titi masu tasi su wuce shi saboda fatarsa, ya mutu a 1988 yana ɗan shekara 27 ta hanyar ƙwaya, a 2017 wani attajirin Japan ya sayi zanensa guda kan dala miliyan 110.5. Sannan ki taka zuwa gidan tarihinmu na nan Jos da Bernard Fagg, Bature mai binciken kayan tarihi, ya buɗe a 1952, ki tsaya gaban kawunan Nok na gasasshiyar laka, idanun nan masu kusurwa uku da huda a tsakiya, sun haura shekara 2000 kuma ba wanda ya san sunan ko mutum ɗaya cikin waɗanda suka gina su. Ɗaya daga cikin mafi shahararsu ma, wanda aka samo a wajen Jama'a, sai da ya yi zaman mutum-mutumi a gonar doya yana korar dabbobi kafin ya zo hannun Fagg. Ni dai ban ga inda suna da kyan aiki suka yi alkawarin tafiya tare ba, wani lokaci su haɗu, wani lokaci ɗaya ya riga ɗaya da shekara 40.

Ni ɗan sunan da na taɓa samu bai kai ya kawo ba, amma na ɗanɗana, kuma abin da ya fi damuna da shi shi ne yadda yake cinye safiya. Hira da 'yan jarida, amsa saƙo, a gayyace ka taro ka yi bayanin aikin da ba ka da lokacin yi, kuma duk tambayar ɗaya ce, yaya ake ji a zama mai zane Musulmi baƙi daga garin rikici. Ba mai tambayar yadda na haɗa koren ruwan nan.

To me za ki yi? Ni a ganina kada ki ce mata a'a, kuma kada ki ce to. Ki zaɓi ayyuka 8 ko 10 da kika fi yarda da su cikin waɗanda kike yi yanzu, ki ɗauke su hoto da hasken safe ba da fitilar waya ba, ki rubuta mata layi kaɗan a kan kowanne, wane dutse ne, wace kasuwa, me ya faru a wurin. Sau da yawa ba zanen suke ƙi ba, labarin da za su faɗa wa mai saye ne ba su da shi, in kin ba su na gaskiya sai su saki na ƙarya. In ta ce lallai sai hijabi da hawaye, to ba ke take nema ba, kowace yarinya mai burushi daga Arewa za ta yi mata, kuma badi za ta samo wata.

Ba kuma ina cewa haramun ne ki zana mace da hijabi ba, ke ma shi kike sawa, innarki shi take sawa. In za ki yi ki zana innarki, da yadda take cije bakin hijabin in hannuwanta biyu na cikin kwano, yadda duk wanda ya san ta zai ce ai wance ce. Maganar hukuncin zana mai rai kuwa na san za ta zo miki daga gida, wannan ki kai ta gaban malaminki, malamai sun yi bayani a kai kuma ni ba fagena ba ne, illa dai in tuna miki zayyanar allo da dagi da adon bangon gidajen Zariya da Kano teku ne guda da mutum zai ƙare rayuwarsa a ciki bai zana ko ƙuda ba.

Rikici kuma ki yi a hankali da shi. Na zana abin da na gani a rikicin Jos na Satumban 2001 sau ɗaya tak, bayan shekaru, kuma babu wuta babu gawa a ciki, ƙofar shagon wani abokina ne Birom da muka yi shekaru muna raba kuɗin haya, a kulle, da kwaɗona da nasa a jiki. An taya ban sayar ba, yana nan jingine yana kallon bango. Irin wannan in ya zo miki da kansa ba ki isa ki hana shi ba, amma a ce ki kawo guda 6 kafin watan Maris, jinin maƙwabtanki ne fa ake so ki auna a mudu.

In kun daidaita, komai a rubuce. Galari yawanci rabi take ɗauka cikin kuɗin da aka sayar, wannan ba cuta ba ce haka tsarin yake, amma a fayyace wa zai biya kuɗin aikawa da inshora, cikin kwana nawa za a biya ki bayan an sayar, da ranar da za a dawo miki da wanda bai shiga ba, don a nan ne ake yawan cinye mutane. Sayar da zane daban, sayar da haƙƙin buga shi a riga ko kalanda daban, kada ki sa hannu a kan na biyun cikin rashin sani. Ki nemi a ba ki sunan duk wanda ya saya, ki ajiye a littafi tare da hoton aikin da girmansa da shekara. Kuma ki riƙe biyu mafi kyau a gida kada ki tura, za ki gode min wata rana.

Wajen naɗewa, fentin mai yana buƙatar watanni kafin ya bushe sosai, a sanyin nan namu ma ya fi haka, kada ki yarda da taɓawar yatsa. Ki cire kyallen daga katako, ki naɗe shi fentin yana waje ba ciki ba, in kika naɗe ta ciki zai tsattsage, ki sa a bututun roba mai faɗi irin na masu aikin famfo ki toshe bakin biyu. In kin samu sarari ranar Asabar ki kawo min su goman in gani kafin ki tura mata, ki zo da na dutsen Riyom ɗin nan da kika ce bai yi ba, ina zargin shi ne ya fi.